Farar Shaddar Mamudu Mai Walda

Ni tela ne, kuma a Zongon Kumasi tela ya fi mai unguwa sanin abin da ke cikin gidajen mutane. Duk mai shirin biki sai ya biyo ta shagona, ya ɗaga hannuwa in auna shi, mutum kuwa da zarar ya ɗaga hannuwa sai bakinsa ya buɗe. Sunana Sumana. Labarin nan ba nawa ba ne, na maƙwabcina ne, Mamudu mai walda.

Sai na fara gaya muku yadda muke sa kaya, in ba haka ba ba za ku gane abin da ya hana bawan Allahn nan cin abinci ba. Mu a nan, ko aure ne, ko suna, ko saukar karatu, ko wannan da ya shigo daga baya na bikin kammala jami'a, akwai abin da muke kira yayi. Masu biki su zaɓi yadi launi ɗaya, su raba wa dangi da abokan arziki, kowa ya kai wa telansa. Ranar biki duk wanda aka gayyata ya fito iri ɗaya. Uban biki kaɗai ke sa farar babbar riga, don ko wanda ya sauka daga mota yanzun nan ya san hannun da zai kama ya ce barka. Ba wanda ya rubuta wannan doka, amma ba wanda ya isa ya taka ta. Na sha korar samari daga shagona a kanta. Yaro ya zo ya ce in yi masa babbar riga mai aiki har gwiwa, wai zai je bikin ɗan abokinsa, sai in ce masa, kai ka haife shi? Namijin da aka gayyata kaftani ya ishe shi, da wando, da hula mai hankali, da takalmin da aka goge. Baƙar tufa da ja ba a sawa, don maƙwabtanmu Asante za su ɗauka makoki aka zo. Masu zuwa da kwat cikin ranar Kumasi suna zufa kuwa, na bar su da Allah.

Mamudu ɗan ƙabilar Busanga ne daga wajen Bawku, can arewa. Ya sauko Kumasi yana saurayi, ba shi da kowa sai wani ɗan garinsu da ya ba shi tabarma a zaure. Ya yi dako, ya tura amalanke a kasuwa, daga baya ya samu wani masta a Magazin, can Suame inda ake gyaran motoci, ya koyi walda. A can ya yi furfura. Tartsatsi ya cinye masa hasken idon hagu, bugun ƙarfe ya rage masa ji, shi ya sa in yana maka sirri duk layi sai an ji. Ban taɓa ganin rigarsa da ba ta da hujin ƙuna ba, har ta Juma'a. In na tsokane shi na ce ko ranar Salla kamar rariya yake fitowa, sai ya yi dariya ya ce ai iska na shiga.

Barakatu mai sayar da waakye, wato shinkafa da wake, ya aura, tana bazawara, da ɗa a goye. Uban yaron, Jibirin, ɗan wani tsohon gidan 'yan goro ne, irin gidajen da kakanninsu suka zo daga Kano tun zamanin jakuna. Ya tafi Jamus neman arziki yaron bai ko yi haƙori ba, daga can ya aiko da saki, aka daina jin ɗuriyarsa. Danginsa in Salla ta zo su aiko wa yaro da 'yar riga, sai kuma wata Sallar. Irin wannan yaro agola ake ce masa, kalma mara daɗi a kunne, amma a gidan Mamudu ban taɓa jin ta ba. Allah bai ba su haihuwa ba, shi da Barakatu, kuma bai taɓa nuna cewa akwai abin da ya rasa ba.

A gaban babur yake ɗora yaron ya sauke shi a makaranta kafin ya wuce Suame. Da zazzaɓin taifot ya kwantar da shi, Mamudu ya rufe wajen aikinsa ya tare a asibiti. Ranar da ya kai shi makaranta aka tambayi sunan uba, da bakinsa ya ce a rubuta Abdul-Hakim Jibirin. Mutane suka ce kai wane irin wawa ne, ya ce addini ya ce a kira ɗa da sunan ubansa, shi ba zai yi wa Allah wayo ba. Shi kansa kuma ba ya kama sunan yaron. Kunyar ɗan fari yake yi masa, al'adar da ba ta Busanga ba ce ma, a Zongo ya tsince ta ya riƙe ta fiye da masu ita. Injiniya yake ce masa, tun yaron na wasa da guntayen ƙarfe a ƙofar gida. Yaron kuma Baba yake ce masa.

Makon da Abdul-Hakim ya samu shiga jami'a, Mamudu ya shigo shagona da baƙar leda daga shagunan Adum. Ya buɗe ta a hankali. Farar shadda ce, mai kyau ƙwarai, wadda ban taɓa zaton zai iya taɓa irinta ba.

"Masta Sumana, ajiye mini," ya ce. "In Injiniya ya gama, babbar riga. Da aiki paa, mai yawa."

Na ɗora ta can saman kanta. Duk damina sai in sauko da ita ta sha iska don kada ta yi fumfuna, in mayar. Shi kuwa in ya zo wucewa sai ya leƙo ya ɗaga kai ya dube ta, ya wuce.

Yaro ya gama, aka sa ranar biki, sai ga Jibirin ya dawo. Yanzu Alhaji ne, ya yi tumbi, ya zama boga kamar yadda muke kiran masu dawowa daga Turai, ƙanshin turarensa na riga shi shiga waje. Ba zan ɗora masa sharrin da bai yi ba. Ya zo har gida ya gai da Mamudu, ya zauna a benci, ya sha ruwa. Da zai tashi ya kama hannunsa ya ce, "Malam Mamudu, mun gode da riƙo." Ina ƙofar shago na ji, kuma raina ya ɓaci, don haka ake gode wa wanda ya kula maka da akuya kana tafiya. Mamudu ya ce ba komai. Abdul-Hakim ya koma kwana can gidan 'yan goro, wai don ya riƙa zagayawa da mahaifinsa gaishe-gaishe. Yayar Alhaji, Hajiya Safura, macen da ko liman ke kauce wa bakinta, ta ɗauki ragamar biki gaba ɗaya.

Wata la'asar Mamudu ya shigo da ƙunshi a hammata, ya ajiye a teburina. Shuɗiyar shadda ce. Ban buƙaci bayani ba, don irinta ce tule a gefen kekena, ta duk mazan da aka gayyata.

"Wa ya kawo maka?" na tambaye shi.

"Hajiya Safura da kansa. Ya ce ga yayi. Ya ba Barakatu farin leshi." Hausar Mamudu ba ta raba mace da namiji.

"Injiniya ya sani?"

"Hajiya ya ce tare suka je Adum suka sayo."

"Kai ka tambaye shi?"

Ya sunkuyar da kai yana murza hularsa. Na sake tambaya da ƙarfi, na ɗauka kunnen ne. Ya ce ya ji ni tun farko.

Na ɗauki alli na rubuta sunansa a gefen yadin, yadda nake yi wa na kowa don kada su cakuɗe. Mutumin da ya goyi yaro tun bai san hannunsa na dama ba, yau an ba shi kayan 'yan rakiya, an ba matarsa fari don ta tsaya iri ɗaya da tsohon mijinta. Kuma duk Zongo za ta gani.

Kashegari Hajiya ta zo da Alhaji da yaron. Farar shadda ta kawo kashi biyu, babbar riga ta Alhaji, da kaftanin da Abdul-Hakim zai sa a ƙarƙashin rigar digiri, don in an zo hoto uba da ɗa su fito iri ɗaya. Ina auna yaron na ga idonsa ya faɗa kan tulin shuɗin, daidai inda sunan Mamudu yake da alli a sama. Ya dube shi ya daɗe. Na jira ya ce wani abu, ko tari ya yi. Sai kawai ya ɗaga hannu na auna ƙirji, ya gode mini, ya bi su mota. Na ce a raina, to, shi ke nan, boko da ƙanshin Jamus sun tafi da wannan ma.

Da yamma muna shan ataya, shayin nan mai kumfa, a ƙofar shago, Rafiu, abokin aikin Mamudu a Magazin, mutum ne da ba ya ganin wuta bai hura ba, ya tasa shi gaba.

"Chale, abokina, in ka sa shuɗin nan, kada ka ƙara zuwa Suame. Wa ya kwana asibiti? Wa ya je makaranta ranar da aka kore shi? Boga ɗin nan bai san ko sayis ɗin takalmin yaro ba koraa, ko kaɗan. Ka sa farinka ka shiga tsakiyarsu."

Ni kuma na gaya masa gaskiyar sana'ata, ko da ba ta yi mini daɗi ba. Na ce fararen riguna biyu a rumfa ɗaya faɗa ne, ko ba wanda ya buɗe baki. Gidan 'yan goro suna da samari, Hajiya tana da baki, kuma abin kunyar a kan Barakatu da yaron zai sauka. Na ce in shuɗin ne ba ya so, in yi masa kaftani ruwan toka, ko ya sa batakari, taguwar saƙi ta mutanensu na arewa, ba wanda zai ce ya yi laifi.

"In na sa batakari za su ce Busanga ya zo kallo," in ji Mamudu. "Masta, abu biyu ne. Ko ni ubansa ne, ko an gayyace ni. Ɗinka duka biyun."

Na ɗinka. Na sauko da farar shaddar, na yanka ta da bismilla, na kai ta wajen mai aiki na tsaya a kansa har ya fitar da wuyan yadda nake so. Shuɗin kuma na yi masa kaftani mai kyau, ban rage komai ba. Na rataye su gefe da gefe a bango. Kullum in ya taso daga Suame sai ya tsaya a ƙofa da kayan aikinsa masu ƙuna, ya dubi wannan, ya dubi wancan, ya tafi. Ya rame a idona. Dariyar nan tasa da ake ji har bakin titi ta ɗauke.

Barakatu ta zo da kanta wata safiya bayan ta tashi daga sayar da waakye. Ta tsaya gaban rigunan, ta riƙe haɓa.

"Masta Sumana, wacce zai sa?"

"Ke da kike gida ɗaya da shi kike tambayata?"

"Ba ya magana. Abinci ma sai ya jagula ya ture. In ya sa fari, Hajiya za ta ci mana mutunci a gaban jama'a. In ya sa shuɗi, na san shi, ba zai ƙara ɗaga kai a layin nan ba."

"Ke me za ki sa?"

"Ni na haife shi, farin zan sa. Amma ba zan zauna kusa da Jibirin ba ko za a yanka ni."

Na ce to me ya hana ta kira ɗanta ta tambaye shi, a huta. Ta ce Mamudu ya rantsar da ita kada ta yi masa maganar, wai ba za a sa yaro zaɓe tsakanin manya ba a ranar farin cikinsa. Na ce wannan taurin kai ne. Ta ce ta sani, ai ita ke aurensa.

Ana gobe biki, ƙafar rumfar da gidan 'yan goro za su tafi da ita ta karye. Wa za a kira? Aka aiko wa Mamudu. Ya ɗauki kayan aikinsa ya tafi, ya durƙusa a tsakar gidansu ya haɗa ƙarfen. Rafiu ne ya raka shi, shi ya ba ni labari. Ya ce Alhaji na zaune da abokansa na Jamus a inuwa, sai Hajiya ta nuna shi ta ce, "Wannan shi ne mai waldan da ya riƙe mana yaro." Suka ɗaga masa hannu daga zaune. Mamudu ya gama aikinsa, ya naɗe wayarsa, ya ƙi shan ruwan da aka kawo masa.

Da safe bayan an fito masallaci na same shi a ƙofar shago. Na buɗe, ya shiga, bai ko dubi shuɗin ba.

"Sauko mini da farin."

"Mamudu, ka yi tunani?"

"Na gama."

Bai taɓa sa babbar riga ba a rayuwarsa. Ni na zura masa ita, na koya masa yadda ake naɗe hannuwan a kafaɗa, da yadda ake tafiya kada a taka gindinta. Na daidaita masa hula. Da ya juyo sai da na ja da baya, don mutumin ya yi kwarjini, rigar ta zauna masa kamar a cikinta aka haife shi. Na ji daɗin aikina, amma ina tsoron abin da zai biyo baya. Na sa nawa shuɗin, Rafiu ya zo da nasa, muka ƙi motar da aka ɗauko wa jama'a, muka tari tasi.

Jami'ar ta cika maƙil. Ɗakin taron ba ya cin kowa, ɗalibai ne a ciki, iyaye da dangi kuwa kowane gida ya kama gindin bishiya ya kafa rumfarsa, ana jin abin da ake yi ta lasifika. Asante sun fito da kente, saƙarsu mai launi-launi, da fararen leshi, ana kiɗa, ana ɗaga kwalaben hoda da za a zuba wa masu digiri. Rumfarmu ba ta ɓuya, shuɗi ne daga wannan gefe zuwa wancan. A gaba an ajiye kujeru biyu masu hannu. Alhaji na kan ɗaya cikin farar rigar da na ɗinka masa, ɗayar ba kowa. Barakatu na can baya wajen kulolin abinci da farin leshinta, ta ba rumfar baya tana ta jera faranti da ba wanda ya ce ta jera.

Muna dosowa surutu ya fara mutuwa daga gaba zuwa baya. Na ga mata na taɓa juna. Hajiya Safura ta miƙe, ta gyara mayafi, ta tare mu tun ba mu shiga inuwa ba.

"Mamudu, ba a kai maka yayi ba ne?"

"An kai, Hajiya."

"To ko telan ne ya ruɗe?" Ta juyo kaina.

Na ce, "Hajiya, tela ya ɗinka abin da aka ba shi."

Alhaji ya taso, ya zo ya ba Mamudu hannu. Ya rage murya ya ce, "Malam Mamudu, haba. Mutane za su rikice."

"Su rikice," in ji Mamudu, da muryarsa ta Magazin, har rumfar kusa suka waiwayo.

Daidai nan wani dattijon Asante, uban abokin karatun yaron, ya zo yin barka. Ya san al'adarmu, fari yake nema. Ya miƙo hannu, ya ga fari biyu, hannun ya tsaya a iska. Ya dubi wannan, ya dubi wancan, ya gai da su duka da sauri ya bar wajen. Wata yarinya ta yi dariya aka kwaɗe mata baki. Fuskar Alhaji ta canza. Hajiya ta fara magana, ba da Mamudu ba, da iska, tana cewa akwai mutanen da in an ba su wuri a zaure sai su nemi ɗakin maigida, kuma jini ba a walda shi. Samarin gidansu suka taso ɗaya bayan ɗaya suka tsaya a bayan Alhaji. Na ga Rafiu ya cire agogonsa ya sa a aljihu, na damƙe masa hannu na ce in ya motsa ni zan fara marinsa.

Mamudu bai nemi kujerar da ba kowa ba, bai kuma shiga cikin masu shuɗi ba. Ya koma gefen rumfar ya tsaya a rana, ya harɗe hannuwa a baya. Zufa na bin wuyan aikin da na sha wahala a kansa. Na je na tsaya kusa da shi, don ban san abin da zan yi ba in ba wannan ba. Aka yi ta jawabai a lasifika, aka shiga kiran sunaye, kowane suna wata rumfa ta ɗauki ihu.

Can sai aka ce, "Abdul-Hakim Jibirin." Matan gidan 'yan goro suka rangaɗa guɗa, maza suka yi kan Alhaji suna kama hannunsa. Mamudu ya ga mutane sun tashi, ya juyo da kunnensa mai ji wajena.

"An kira?"

"An kira," na ce.

Ya gyaɗa kai. Duk shekarun nan yana jiran wannan kiran, kuma bai ji shi ba. Tausayinsa ya kama ni har na kasa dubansa.

Da aka tashi, ɗalibai suka ɓarko waje cikin baƙaƙen rigunansu. Muka hango Abdul-Hakim, rigar digiri a rufe har wuya, da ɗan kente a kafaɗa. Mata suka rufe shi da hoda har gira. Mai hoton da Hajiya ta ɗauko ya fara ihu, "Uban yaro, uban yaro ya matso!" Alhaji ya gyara riga ya matso. Mamudu ya ɗaga ƙafa ɗaya, ya mayar da ita. Samarin nan suka ɗan gusa suka tsaya tsakaninsa da wajen hoton.

Hajiya ta kamo hannun yaron tana jansa. "Zo nan kusa da mahaifinka. Buɗe rigar nan farin ya fito."

Shi kuwa hankalinsa ba ya wajenta. Yana ɗaga wuya yana bin masu shuɗi da ido, fuska bayan fuska, layi bayan layi, har bayan rumfa. Ya hango uwarsa.

"Mma, ina Baba?"

"Ga ni nan," in ji Alhaji.

Yaron ya juyo, ya ɗan rusuna da ladabi. "Alhaji, sannu da ƙoƙari. Baba nake nema."

Hajiya, don ta rufe abin da aka ji, ta kai hannu da kanta ta ja zif ɗin rigar digirin ƙasa. Rigar ta buɗe, ba fari a ciki. Shuɗin yayi ne, irin wanda ke jikina, irin na kowane ɗan gayya. Kuma Allah ya sani, ko a cikin wannan hali sai da idona ya ga ɗinkin. Ba nawa ba ne. Wani maras tsoron Allah a bakin jami'a ya haɗa shi cikin gaggawa, wuyan a karkace, aljihu ɗaya ya fi ɗaya tsawo.

"Ina farin da aka ɗinka maka?" in ji Hajiya.

"Yana gida, Hajiya. Na ga sunan Baba a kan shuɗi a shagon Masta Sumana. Na ce yoo, abin da aka ba shi, shi zan sa."

Alhaji ya dubi rigar yaron, ya dubi tasa. Bai yi faɗa ba. Ya ɗaga wa samarin hannu su kauce, ya koma kujerarsa ya zauna, kuma a lokacin na ga tsufa a fuskarsa. Da samarin suka gusa, sai yaron ya hango wanda yake nema a inda bai nema ba, tsaye a rana, cikin fari tun daga wuya har ƙasa, iri ɗaya da mutumin da ke kan kujera.

Ya taho a hankali, hoda na zuba daga kansa. Ya tsaya gaban Mamudu. Mamudu na kallon shuɗin nan mai karkataccen wuya. Farin ciki ya kama shi, kunya kuma ta fi farin cikin yawa, don ya gane yaron ya bar farin uba ya sa kayan 'yan gayya saboda ya tsaya tare da shi, shi kuma ya zo da shirin faɗa a kan abin da ba wanda ya ƙwace masa.

"Baba," in ji Abdul-Hakim, "duk kwanakin nan, me ya sa ba ka tambaye ni ba?"

Hannun babbar rigar ya zame daga kafaɗar Mamudu ya faɗi, bai ɗaga shi ba.

"Na ji tsoron abin da za ka ce," ya ce.